Ɗan Kutsen Littafinka Bai Taɓa Ganin Katanga Ba



Akwai wani gwarzo da ya addabi littattafan da ake saki shafi-shafi a WhatsApp da Wattpad cikin 'yan shekarun nan, kuma kowa a nan ya san shi. Yawanci ɗan mai kuɗi ne da ya yi karatu a Landan ko Indiya, ba ya dariya, ba ya kula kowace mace sai jarumar littafin. Ranar da aka sace ta sai ya shige ɗaki ya buɗe kwamfuta, yatsunsa su hau rawa a kan madannai, koren rubutu ya yi ta zubowa. Kafin shayinsa ya huce ya shiga kwamfutar banki, ya leƙa kyamarorin filin jirgin sama, ya gano gidan da aka ɓoye ta har da ɗakin da take ciki. Sai a rufe babin, masu karatu su yi ta yabon basirar mai littafi.

Mu dai wannan gwarzo ya ishe mu, kuma za mu faɗi dalili ba tare da kwana-kwana ba. Ƙarya ce ake shara wa mai karatu, ƙaryar da take ja masa asarar kuɗi.

Wani zai ce ai dama ƙagaggen labari ƙarya ne. A'a, akwai bambanci. Idan ka kawo aljani a labarinka ya ɗauki gida ya kai bayan Kaf, mai karatu ya san yarjejeniyar da ke tsakaninku, ba zai fita gobe neman aljanin da zai ɗauke masa gida ba. Waya kuwa tana hannunsa, asusun bankinsa yana cikinta, abin da ka gaya masa game da ita da shi zai yi aiki. Da wani zai rubuta cewa jaruminsa ya dasa shinkafa ranar Asabar ya yanke ta ranar Talata, da ba mai gama karanta shafin a Kura da Bunkure sai dariya. To, kutsen minti biyar ɗin nan daidai yake da shinkafar kwana uku. Abin da ya sa ake shanye shi kawai, masu karatu ba su da gonar da za su gwada.

Ku duba waɗanda suke cin ribar wannan ƙarya. Kullum a ƙasan rubuce-rubucen Facebook akwai mai tallar cewa yana dawo da shafin da aka ƙwace, yana gano wayar da aka sace, yana buɗe wa mace WhatsApp ɗin mijinta ta ga da wa yake hira. Wadda ta karanta littafi goma da irin wancan gwarzo a ciki, me zai hana ta yarda? Ta tura kuɗin somin-taɓi, a ce ta ƙaro na wata manhaja, daga nan lamba ta daina shiga. Asara ta biyu ta fi wannan zurfi. Mai karatu yana tashi da imanin cewa ɗan kutse kamar mayen ƙarfe yake, in ya so shiga sai ya shiga, don haka canza kalmar sirri ɓata lokaci ne. Wanda ya yarda cewa ƙofa ba ta hana ɓarawo ba zai sayi kwaɗo ba.

Maganin da muke kawowa ba ya buƙatar digiri. Duk marubucin da yake son sa kwamfuta a labarinsa ya kafa ɗan ɗakin gwaji a gidansa, ya tayar da katangar tsaro a cikinsa da hannunsa, ya ƙwanƙwasa ta ya ga abin da take yi. Gani ya kori ji.

Mece ce katangar tsaro? Wanda ya tashi a yankin noman rani na Kura da Bunkure da Garun Malam ya riga ya san rabin amsar. Ruwan da ake ban-ruwa da shi a can daga madatsar Tiga yake tasowa, wadda aka gina zamanin Gwamna Audu Bako aka kammala a 1974. Babban kanal ne yake ɗauko shi, ya bi ta Ruwan Kanya, ya rabu reshen gabas da na yamma, daga nan ya shiga ƙananan kanal na kowace sakta, har ya iso ɗan kwararon da manomi zai jefa bututunsa ya zuƙo wa gonarsa. Ba injin da ke tura shi, gangara ce kawai. An tsara kashin farko na aikin ne a kan hekta 22,000, kuma Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are ce take riƙe da shi. Abin lura a nan, a kowace mararraba akwai ƙofa. Ruwa ba ya shiga sakta don ya ga dama, sai an buɗe masa, ranar da aka tsara, gwargwadon da aka tsara. Ƙofar da aka bari a buɗe da dare ita ce take cinye gonar wani, ta bar na ƙarshen kanal da ƙishirwa.

Haka intanet take. Duk abin da ke shiga wayarka ko kwamfutarka a ƙunshi-ƙunshi yake zuwa, kowane ƙunshi yana ɗauke da adireshin inda ya fito, da adireshin inda za shi, da lambar ƙofar da yake son shiga. Ƙofofin nan lambarsu ta kai 65,535. Shafukan intanet masu kulle ta ƙofa ta 443 suke bi, marasa kulle ta 80, tambayar adireshin wani suna kuma ta 53. Katangar tsaro ita ce mai tsaron da ke zaune tsakanin gidanka da waje, da jerin dokoki a hannunsa. Ƙunshi ya iso, sai ya karanta dokokin daga sama zuwa ƙasa, wadda ta fara dacewa da shi ita za a zartar, a bar shi ya wuce ko a hana shi. Wanda ba wata doka da ta ambace shi, a jefar da shi. Wannan ita ce ƙa'idar da ta fi kowace muhimmanci: komai a rufe yake sai abin da aka buɗe da gangan.

Wuri ɗaya ne misalin kanal ya gaza. Ruwa gaba kawai yake yi, saƙon intanet kuwa yana fita yana dawowa. A nan sai mu koma zauren gida. Dattijon da ke zaune a zaure ya ga an aiki yaro kanti, in yaron ya dawo da leda ba zai tare shi ba, don ya tuna da fitarsa. Baƙon da ya doso cikin gida ba wanda ya kira shi, shi za a tsayar. Katangar zamani tana da irin wannan tunani. Tana rubuta duk maganar da aka fara daga ciki, ta bar amsarta ta shigo, ta toshe wanda ya zo da kansa.

Kun ga mun yi wannan bayani duka ba mu ari komai ba sai kanal da sakta, waɗanda manoman Kura suka daɗe da mayarwa nasu. Wannan ya kawo mu ga masu cewa Hausa ba ta da kalmomin fasaha. Abin da suke nufi shi ne su ba su fahimci abin ba, shi ya sa suke fassara harafi maimakon ma'ana. Daga nan aka samo "bangon wuta" da ake gani a wasu fassarori. Asalin sunan a Turanci bango ne da ake ginawa a tsakiyar gini don ya hana gobara tsallakawa daga wani sashe zuwa wani. Bahaushe kuwa in ya ji bangon wuta, bangon da aka yi da wuta zai hango, sai ka ce a labarin matsafa. Mu mun zaɓi katangar tsaro. Wanda ya ce fayawol kamar yadda masu gyaran kwamfuta suke faɗa, ba mu da faɗa da shi, ai haka mota da rediyo suka shigo. Faɗanmu da wanda ya rubuta kalmar bai san abin da take yi ba.

Yanzu ga yadda ake kafa ɗakin gwajin. Kamfanoni suna sayen katangar tsaro a matsayin akwati na musamman mai tsada. Kai ba ka buƙatar akwatin, domin kwamfuta ɗaya tana iya goya wasu kwamfutoci a cikinta. Akwai manhajar da ake kira VirtualBox, ta kamfanin Oracle, kyauta ce. In ka sa ta, sai ta yanki wani kaso na ƙwaƙwalwa da ma'ajiyar kwamfutarka ta ƙera wata kwamfuta ta daban da shi, mai kunnuwa da kashewa ita kaɗai, a cikin taga guda. Mu muna kiranta kwamfutar goyo, ta ainihin kuma uwa. Abin da ya sami 'yar goyo ba ya taɓa uwar, in ta lalace ka goge ka sake wata.

A cikin 'yar goyo ta farko za ka sa katangar. Biyu ne suka fi shahara cikin na kyauta. Akwai pfSense, wadda Chris Buechler da Scott Ullrich suka fara a 2004, akwai kuma OPNsense, wadda kamfanin Deciso na ƙasar Holan ya ɓalle da ita daga pfSense a 2015. Dukansu a kan FreeBSD aka gina su. Za ka ba 'yar goyon nan kafa biyu, ɗaya tana kallon waje, wato MiFi ɗinka ko wayar da ka kunna wa raba data, ɗayar tana kallon wani layi na cikin gida wanda babu shi sai a cikin kwamfutarka. Sai ka ƙera 'yar goyo ta biyu, ka sa mata Linux mara nauyi, ka ɗaura ta a layin cikin gidan kaɗai. Ita wannan ba ta da hanyar zuwa intanet sai ta katangar. Shi ke nan, ka sami Tiga, ka sami ƙofa, ka sami gona. Tsohuwar kwamfutar cinya mai ƙwaƙwalwar aiki giga 8 ta isa ta ɗauki wannan kaya.

Aikin farko da za ka yi bayan ka shiga shafin sarrafa katangar shi ne canza kalmar sirrin da ta zo da ita. Ka riƙe wannan, za mu dawo kansa. Na biyu, ka rubuta dokar da ta rufe ƙofa ta 53, ka koma 'yar goyo ta biyu ka nemi kowane shafi da sunansa. Ba zai buɗu ba, alhali layin yana nan lafiya, domin ka hana ta tambayar adireshi. Na uku, ka sa dokar hani a ƙasan dokar izini, ka ga ba ta yi aiki ba, ka ɗago ta sama ka ga ta kama. Na huɗu, ka sa manhajar Nmap a kan uwar, wadda aikinta ƙwanƙwasa ƙofofi ɗaya bayan ɗaya, ka nufi katangarka da ita daga waje. Sannan ka buɗe rajistar mai tsaro. Za ka ga layi bayan layi, lokaci, adireshi, lambar ƙofa, an hana, an hana, an hana. Ka buɗe ƙofa ɗaya tak ka sake ƙwanƙwasawa, ka ga yadda ake gano ta.

Wata rana za ka rubuta dokar da za ta kulle ka kai kanka a waje. Kowa yana yi. Shi ya sa kafin kowane gwaji ake ɗaukar hoton halin da 'yar goyo take ciki, in abu ya ɓaci a mayar da ita yadda take. Amfanin ɗakin gwaji ke nan. A Kadawa akwai tashar binciken noman rani ta Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Jami'ar Ahmadu Bello, inda ake gwada iri a ɗan fegi kafin a miƙa wa manomi. In irin ya ƙi, fegi ɗaya aka rasa. Kada ka ɗora intanet ɗin gidanku duka a kan katangar da ke goye a kwamfutar cinya, domin duk sanda aka ɗauke wuta batir ya mutu, ko ka rufe murfin, katanga ta kwanta kowa ya yanke. Wanda ya ƙware har yana son tsare shago ko ofis da gaske, sai ya nemi 'yar ƙaramar na'ura ta daban da ba a kashewa, ya haɗa ta da sola.

Me marubuci zai samu a wannan wahala? Zai samu abin da ba a samu a fim. Zai san cewa yawancin aikin jira ne da karanta rajista har ido ya yi ja. Zai san cewa ƙofar da take rufe a rufe take, saurin yatsu ba ya buɗe ta. Zai gane cewa ɗan kutse na gaskiya mai yawon neman wadda aka manta ne, sai bango ya tsage ƙadangare yake samun wurin shiga. Daga ranar labarinsa zai canza, domin tambayar ta tashi daga yadda aka fasa ta koma wa ya bar ƙofa a buɗe, kuma me ya sa. Wannan tambaya ce ta halin ɗan Adam, ganganci ne, ko rowa, ko yarda da wanda bai cancanta ba, ko cin amana. Nan ne gonar marubuci.

Manyan kutsen da duniya ta gani ma haka suke. A watan Mayun 2017 wata muguwar manhaja mai suna WannaCry ta kulle kwamfutoci a ƙasashe sama da 150, har asibitocin Ingila suka riƙa ɗage ganin marasa lafiya. Ta ƙofa ta 445 take shiga, kuma kamfanin Microsoft ya riga ya fitar da maganin tsagar tun watan Maris. Waɗanda ta kama su ne waɗanda ba su sa maganin ba. Kafin ita, a 2016, an yi Mirai. Ita ba ta fasa komai ba. Yawo take yi a intanet tana neman kyamarorin tsaro da na'urorin raba intanet, tana gwada sunaye da kalmomin sirri kusan 60 irin waɗanda masana'anta suke sakawa, duk wanda bai canza nasa ba ta shige. Da na'urorin da aka tara ta wannan hanya aka kai wa kamfanin Dyn hari ranar 21 ga Oktoba, 2016, Twitter da Netflix suka ɗauke wa mutane da yawa a Amurka. Waɗanda suka ƙirƙire ta matasa uku ne, sun amsa laifinsu a kotu a ƙarshen 2017, kuma cikin abin da ya ja su har da gasar neman kuɗi a harkar wasan Minecraft. Ku faɗa mana, tsakanin wannan da gwarzon shayi wanne ya fi daɗin labari?

Ga irin labarin da yake jiran mai rubutawa. Wani Alhaji mai injin casar shinkafa a Kura ya sa kyamarori don yana zargin ana rage masa buhuna. Yaron da ya haɗa masa, ɗan ƙanwarsa ne da aka ƙi biya kuɗin aikin, ya bar kalmar sirrin masana'anta, ya kuma buɗe hanya don Alhaji ya riƙa kallon ma'aikata daga wayarsa in ya tafi Umara. Wa kuma yake kallo? Me ya gani daren da tirela ta yi lodi? Babu koren rubutu a nan, babu Landan, amma akwai zumunci da kuɗi da zargi, kuma duk mai shago da ya karanta zai tashi ya duba tasa kyamarar.

Kada kuma wani ya fita daga nan ya mayar da katangar tsaro sabon laya. A 2016 tsutsar nan da manoma suke kira sharon ta cinye tumatirin Kadawa da Kura da sauran wurare. Asalinta daga Kudancin Amurka take, kuma ba ta kanal ta shigo ba, don haka da an kulle kowace ƙofar ruwa daga Tiga har ƙarshen sakta da ba abin da zai hana ta. Haka yawancin damfarar da ake yi wa mutanenmu. Wani ne zai kira da ladabi ya ce daga banki yake, ko ya ce an sa ka a wani taron ƙungiya, ka karanto masa lambobi shida da suka shigo wayarka. Kai ka miƙa makullin da hannunka, katanga ba ta da ta cewa. Da ɗan gari akan ci gari. Filashin da ka kai shagon buga takardu ya dawo da ƙwayar cuta shi ma ta zaure ya shigo, a aljihunka. Haka nan katanga ba ta ajiye maka littafi. Lokacin da dandalin OkadaBooks ya rufe a ƙarshen Nuwamban 2023, marubucin da yake da kwafin aikinsa a wani wuri shi ya kwana da sauƙi. Wanda ya zauna da katanga na mako biyu shi ya fi kowa sanin iyakarta, shi ne kuma zai iya gaya wa mai karatu gaskiya: ka kunna tabbatarwa mai mataki biyu a WhatsApp, kada ka karanta wa kowa lambar da aka turo maka, ka ajiye rubutunka a wuri fiye da ɗaya.

Mun san uzurorin da za a kawo, bari mu tare su tun kafin su iso.

Na farko, wai wannan aikin injiniyoyi ne, marubuci ruwansa da zuciya da soyayya. Wannan raina tarihinmu ne. Abubakar Imam da ya rubuta Ruwan Bagaja don gasar 1933 shi ne kuma ya haɗa hannu da Rupert East suka rubuta Ikon Allah, suka yi wa yara bayanin halittu da kimiyya da Hausa tsantsa. Umaru Dembo ya kai mai karatun Hausa sararin samaniya a Tauraruwa Mai Wutsiya tun 1969. Waɗannan ba su ce ilimin zamaninsu ya fi ƙarfin alƙalaminsu ba. Yau soyayyar ma a waya ake yinta, a waya ake ɓatawa, da hoton hira ake kashe aure. Marubucin soyayya da bai san yadda saƙo yake tafiya ba bai san filin da jarumansa suke wasa ba.

Na biyu, wai babu kuɗi, babu wuta, babu kwamfuta. Wannan uzuri yana da ƙamshin gaskiya, da yawanmu a waya suke rubuta littafi sukutum. Amma manhajojin nan duka kyauta ne, kuma lasisinsu ya halatta a kwafa a raba. Mutum ɗaya ya sauke da datar dare, ya zuba a filashi, goma su amfana. Kwamfuta ɗaya ta ishi ƙungiyar marubuta guda, a haɗu ranar Asabar a shagon ɗan uwa mai sola, awa biyu. Manoman sakta ɗaya ba kowa ne yake da injin huɗa ba, amma kowa yana huɗa. Ƙungiyoyin da suke iya tara kuɗin anko da na walimar ƙaddamar da littafi ba za su gaza aron kwamfuta ɗaya ba.

Na uku, wai koya wa matasa wannan koya musu damfara ne. Akasin haka ne. Dokar Laifukan Intanet ta 2015 ta haramta shiga na'urar wani ba da izininsa ba, kuma muna jaddadawa, Nmap ɗinka kada ta wuce katangarka. Ɗakin gwaji shi ne wurin da mai son sani zai kashe ƙishirwarsa bai taɓa kayan kowa ba. Littafin da yake nuna kutse a matsayin jarumtakar minti biyar, wanda ake samun mace da dukiya da shi ba a taɓa kama mutum ba, shi ne yake zuga yaro. Wanda ya ga rajista da idonsa ya san duk ƙwanƙwasawa tana barin sawu.

Na huɗu shi ne wanda ba a faɗa a fili: masu karatu suna son gwarzon a haka, kuma su suke biyan kuɗin shiga rukunin littafi. Gaskiya ne suna so, domin ba a taɓa ba su wanda ya fi shi ba. Mai sayar da taki ma yana iya cewa manoma suna son mai arha, ya cika buhu da yashi. Mai karatu ya ba ka yardarsa da datarsa da darensa, mafi ƙarancin haƙƙinsa a kanka shi ne kada ya tashi daga littafinka ya fi jiya sauƙin damfara.

Ba muna cewa kowane littafi ya koma darasin kwamfuta ba. Marubucin da ya san noma ba ya cika shafi da sunayen taki, jimla ɗaya zai yi a kan yadda ƙafa take nutsewa a taɓon dashe ka san ya taɓa shiga. Haka muke so a nan. Jimla ɗaya a kan mutumin da ya kulle kansa a waje da dokar da ya rubuta da hannunsa, ƙarfe biyun dare, batir saura kaɗan, ta fi shafi goma na koren rubutu. Wanda kuma ba zai iya wannan wahala ba yana da mafita mai mutunci, ya cire ɗan kutsen daga littafin, ya bar jaruminsa ya nemo budurwar da ƙafa da tambaya kamar kowa.

Aikin wannan mako kashi biyu ne. Masu kwamfuta, ko waɗanda za su iya haɗuwa a kan guda, su tayar da katangar da 'yar goyo ɗaya a bayanta, su rufe ƙofa ta 53, su rubuto mana abin da suka gani cikin kalmomi 200, da Hausar da kakarsu za ta gane. Marasa kwamfuta su ɗauki labarin Alhaji mai injin casa su rubuta fitowa ɗaya, kalmomi 500, ba tare da kowa ya fasa komai ba, ƙofar da aka bari kawai. Wanda yake da kalmar da ta fi katangar tsaro ko kwamfutar goyo dacewa ya kawo ta da hujjarsa, musamman 'yan uwanmu na Kura da Bunkure da suka san sunan kowace ƙofa a bakin kanal. In tasu ta fi, tasu za mu ɗauka.